Sai yaro ya iya haɗa baƙi kafin a ce ya iya karatu

Yau zancenmu a kan aji ɗaya na firamare yake, inda ake aza harsashin da duk sauran ilimi zai hau kansa.

Duk wanda ya taɓa gittawa ta bayan tagar aji ɗaya da hantsi ya san amon da ke tashi. Malami ya nuna allo da tsumagiya ya faɗa, yara su amsa da ƙarfi. Mai ji daga nesa sai ya ɗauka karatu ya zauna. Amma a ware yaro guda, a rubuta masa kalmar da ba ta kan allon, kamar "tsintsiya", sai ya yi zuru. Hadda ya yi, ita kuwa hadda iyakarta abin da aka biya wa mutum. Wani rahoto da Bankin Duniya ya fitar a 2022 ya ƙiyasta cewa kashi 70 cikin 100 na yara 'yan shekara 10 a ƙasashe matalauta da masu matsakaicin ƙarfi ba sa iya karanta ɗan gajeren rubutu su fahimce shi.

Maganin ba baƙon abu ba ne a wurinmu. A makarantar allo, ƙolo yakan fara da babbaƙu, ya san kowane harafi da siffarsa. Daga nan ya shiga farfaru, ya koyi yadda wasali ke sauya furucin baƙi, sannan ya kai ga haɗa su ya tayar da kalma da kansa. Malaman zaure ba su yarda a tsallake wannan tsani ba.

Turawan Ingila ma nan suka dawo bayan doguwar muhawara. Rahoton da Jim Rose ya gabatar a 2006 ya ba da shawarar a koyar da sautin haruffa da haɗa su daki-daki. Tun daga 2012 kuma ake gwada kowane yaro ɗan wajen shekara shida da kalmomi 40, rabinsu ƙirƙirarru marasa ma'ana, don a bambance mai haɗa baƙi da mai canka.

Mu kuwa aikin ya fi mana sauƙi. Rubutun bokon Hausa wasali biyar gare shi, kuma kowane harafi kusan sauti guda yake ɗauka. Yaron da ya san ba, be, bi, bo, bu, ya kuma gane tagwayen baƙaƙe irin su sh, ts, ky da gw, ya riƙe mabuɗin kusan kowace kalma. Inda muke yi wa kanmu sagegeduwa shi ne fara masa da sunayen haruffan Ingilishi. An ce masa sunan wannan harafi "si", to ta yaya zai karanta "ciki" ko "cokali"? Haka nan masu lanƙwasa, wato ɓ, ɗ da ƙ: in ba a nuna masa su tun farko ba, ba zai raba "kafa" da "ƙafa" ba, ko "baki" da "baƙi".

Ban ce haɗa baƙi shi ne ƙarshen karatu ba. Rubutunmu ba ya nuna tsawon wasali ko karin sauti, shi ya sa "gari" na tuwo da "gari" na zama suke da kama ɗaya a takarda, sai jimla ta raba su. Saboda haka dole a haɗa wa yaro da tatsuniya da hira da ƙananan littattafai masu kalmomin da ya riga ya iya tayarwa. Amma icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, wanda bai iya tayar da kalma ba kuwa ba zai kai ga ma'anarta ba.

An gwada wannan hanya da Hausa a shirin Mu Karanta a jihohin Bauchi da Sakkwato, da shirin RANA a Katsina da Zamfara, duka da tallafin ƙasashen waje. Abin tsoro shi ne, tallafi yana da ranar ƙarewa. Ya kamata kwalejojin horon malamai su mai da koyar da sautin haruffan Hausa darasi na wajibi, hukumomin ilimin bai-ɗaya na jihohi kuma su daina tura malamin da ya fi rauni zuwa aji ɗaya.

Iyaye ma da nasu aikin. A daren yau, a rubuta wa yaro kalma uku da bai taɓa gani ba, a saurare shi. In ya kasa, kada a doke shi, a zauna a fara masa daga baƙi da wasali, gobe kuma a je a ga malaminsa.

Mu haɗu a mako mai zuwa, in Allah Ya kai mu.