Waƙar ɗanki ma gona ce

Uwargida, in ɗanki na cikin samarin Doguwa masu tara kuɗin ƙwadagon masara su tafi situdiyo a Zoo Road, da ke nake.

Baitin da ya tsara dukiya ne. Dokar haƙƙin mallaka da aka sa wa hannu a 2023 ta bar masa shi, magadansa kuma su ci moriyarsa har shekara 70 bayan ransa. Ba ya barin hannunsa sai da rubutacciyar yarjejeniya. To, a nan ake cin yaranmu: a miƙo takarda da Turanci, a haɗa da ɗan kuɗin mota, yaro ya rattaba hannu yana washe baki.

Kada ki ce wa ya isa ya ja da manya. A 2024 hukumar kare haƙƙin mallaka ta kai MTN kotun tarayya a Abuja, bisa zargin amfani da waƙoƙin mawaƙi Maleke a kiɗan jiran kira ba da izininsa ba.

Mu a asibiti, ba a sa hannun tiyata sai an fassara wa mutum. Ki ce ya kawo takardar gida a karanta masa tukuna. Kwafinsa kuma ki adana inda kike ajiye katin rigakafi.