Albasa Ba Ta Jiran Zaman Kotu

Malam, ka rubuta cewa idan alƙali ya sa hannu a riƙe kayan ɗan kasuwa, to ya yi haƙuri kawai, wai ƙalubalantar umarnin raina shari'a ne. Ban yarda ba.

Wannan umarni da bakin mutum ɗaya aka bayar da shi. Mai bin bashi ya je kotun Tawa da takardunsa, wanda ake bi yana Tamaske bai ma sani ba, sai ya ga an rufe masa rumbun albasa. Ka taɓa shiga rumbun da aka kulle damina na gabatowa? Ta ƙasa ke fara jiƙewa, wari ya biyo baya. Wa zai biya wannan asara?

Dokar 1998 ta OHADA, ƙungiyar daidaita dokokin kasuwanci a Afirka, wadda aka sabunta a 2023, ita da kanta ta buɗe ƙofa. Wanda aka riƙe wa kaya yana iya komawa gaban alƙali ya nemi a sake su, kuma mai bin bashin ne zai nuna ya cika sharuɗɗa. In bai nemi hukuncin tabbatar da bashin cikin wata ɗaya ba, riƙon ya faɗi.

Wannan ya kamata ka gaya wa ƴan kasuwar Adar. Haƙurin da ka ba su jarinsu zai cinye.