Alamar da ke kan allon waya ba ita ce manhajar ba

Yawancin masu wayar Android sun ɗauka cewa hoton da suke dannawa a kan allo shi ne manhajar kanta. Ba haka abin yake ba. Hoton nan alama ce kawai mai nuna hanya, kamar allon da ake rataye wa a ƙofar shago. Kuma kamar yadda mai shago zai iya canza allonsa cikin dare, haka manhaja za ta iya canza alamarta da sunanta ba tare da mai waya ya sani ba. Ya kamata Google ya toshe wannan giɓin.

Ga yadda abin ke aiki. Kowace manhajar Android tana zuwa da wani fayil mai suna AndroidManifest.xml, wanda ke gaya wa waya sassan da manhajar ke da su. A cikinsa mai rubuta manhaja zai iya sanya abin da ake kira activity-alias, wato laƙabi na biyu da ke kai mutum zuwa ainihin ɓangaren da ke buɗe manhajar. Kowane laƙabi yana iya samun nasa hoto da nasa suna. Wani sashe na tsarin Android mai suna PackageManager ne ke riƙe da jerin waɗannan laƙabobi, kuma manhaja na iya umartarsa ya kashe wannan ya kunna wancan. Allon gida na waya, ko na Tecno ne ko Infinix ko Samsung, yana nuna abin da aka ba shi ne kawai.

Dabarar tana da amfaninta. Da ita Telegram ke ba masu amfani da shi damar zaɓen hoton da suke so. Da ita kuma kamfani ke sake fasalin manhajarsa ba tare da alamar da mutum ya ajiye a allo ta daina aiki ba.

Matsalar ita ce ɓata-gari ma sun san da ita. Manhajar leƙen asiri da wani ya saka wa budurwarsa a waya, ko ta satar bayanan banki da ta shigo ta wani fayil ɗin APK da aka turo a WhatsApp, tana iya kashe alamarta ta asali bayan an buɗe ta sau ɗaya, sannan ta fito da suna irin na saitin waya. Android 10, da ya fito a 2019, ya rage damar ɓoye alama gaba ɗaya, amma bai hana manhaja sanya rigar wata ba.

Masu kwamfuta sun riga sun ɗanɗana kuɗarsu. A Windows, gajerun hanyoyin buɗe manhaja fayiloli ne masu ƙarewa da .lnk, kuma fayil ɗin tsari mai suna shell32.dll ne ke karanta su. A 2010 cutar Stuxnet, wadda ta lalata injunan tace yuraniyom a Natanz ta ƙasar Iran, ta bi ta wata kafa da ke cikin wannan karatun: da zarar kwamfuta ta nuna hoton fayil ɗin a cikin filashi, cutar ta shiga, ko da ba a danna komai ba. Microsoft ya toshe kafar a watan Agustan shekarar. Duk wanda ya taɓa kai filashinsa shagon buga takardu ya dawo ya tarar fayilolinsa sun zama gajerun hanyoyi ya ga ƙanin wannan matsala.

Apple ya nuna cewa akwai mafita mai sauƙi. Tun iOS 10.3 a 2017 manhajojin iPhone ke iya canza hotonsu, amma wayar kan fito da sanarwa tana shaida wa mai ita cewa an canza. Android ba ya yin haka. Masu rubuta manhaja za su ce sanarwar tana damun mutane. Sai dai dannawa ɗaya don kawar da sanarwa ba ta kai ɓacin ran wanda ya wayi gari asusunsa babu ko sisi ba.

Kafin Google ya motsa, kariyar tana hannun mai waya. Idan ya ga alamar da bai gane ba, ko alamomin saiti guda biyu, sai ya danne ta ya riƙe ya zaɓi App info. Can zai ga ainihin manhajar da alamar ke kaiwa gare ta, da izinin da ta karɓa, musamman na karanta saƙonni. Jerin manhajojin da ke cikin Settings ya fi allon gida faɗin gaskiya, don haka ya dace a leƙa shi duk lokacin da waya ta dawo daga hannun mai gyara ko hannun aboki.