A Koyar Da Ilmin Duwatsu Da Dutse A Hannu

Ɗalibin sakandare a Dirin Daji, cikin ƙaramar hukumar Sakaba ta masarautar Zuru, yana iya karanto rabe-raben duwatsu guda uku da ka, domin ya haddace su saboda jarrabawa. Amma idan aka tsinto dutse a bakin rafi aka miƙa masa, aka nemi ya faɗi rukunin da wannan dutse yake, sau da yawa shiru ne amsarsa. Haka lamarin yake a makarantu da dama na Arewa: ana koyar da duwatsu a kan allo, alhali kuwa ga su nan zube a bayan aji. Ya kamata a sauya wannan hanya, a mayar da gane duwatsu da ma'adinai darasin da ake yi da hannu. A ƙasa irin ta Zuru wannan ilmi ya shafi dukiyar mutane, ya kuma shafi rayukan 'ya'yansu.

Da farko sai a bambance dutse da ma'adini. Ma'adini abu ne guda mai sinadarai tsayayyu da tsarin jiki nasa na kansa, kamar zinariya ko gishiri ko farin dutsen nan da Hausawa ke kira ƙanƙara, masana kuma suke ce masa kwaz. Shi kuwa dutse haɗaka ce ta ma'adinai. Wanda ya ƙura wa giranit ido zai ga kamar an gauraya hatsi iri uku a kwano ɗaya: ga ƙwayoyin kwaz masu kama da gilashi, ga na feldisfa farare ko masu ruwan hoda, ga kuma na mika masu ƙyalli da ke ɓarewa falle-falle. Masana sun san ma'adinai fiye da 5,000, amma 'yan kaɗan ne daga cikinsu suka gina akasarin duwatsun duniya. Ɗalibin da ya laƙanci goma ko goma sha biyu ya sami mabuɗin yawancin abin da zai taka a ƙasarsu.

Jihar Kebbi ɗakin karatu ce

Rukunin farko shi ne duwatsun da suka daskare daga narkakken dutse, kamar giranit. Na biyu duwatsun shimfiɗa, waɗanda ruwa ko iska suka jibge hawa-hawa har suka ƙame, kamar dutsen yashi da dutsen farar ƙasa. Na uku rikiɗaɗɗun duwatsu, wato waɗanda zafi da matsi suka sauya musu kama a can ƙarƙashin ƙasa, kamar shist mai tsagewa falle-falle da kwazait mai tsananin tauri.

Abin sha'awa, jihar Kebbi ta haɗa dukkan ukun. Kudu maso gabashinta, wato ƙasashen Zuru da Yawuri, yana zaune ne a kan tsofaffin duwatsun tushe. Akwai ma zirin rikiɗaɗɗun duwatsu da masana suka raɗa wa sunan Zuru, wanda ya ƙunshi kwazait da shist. Kimanin shekaru miliyan 600 da suka wuce, wani gagarumin motsin ƙasa ya matse waɗannan duwatsu ya lanƙwasa su, narkakken giranit ya kutsa cikinsu, ruwan zafi kuma ya bi tsagoginsu ya bar jijiyoyin kwaz. A irin waɗannan jijiyoyi ake samun zinariya, kamar wadda aka daɗe ana haƙa a kewayen Birnin Yawuri.

Idan aka nausa arewa maso yamma zuwa Birnin Kebbi da Gwandu da Argungu, sai ƙasa ta sauya. Nan duwatsun shimfiɗa ne na kwarin Sakkwato, yashi da yumɓu hawa bisa hawa. A Kalambaina kusa da birnin Sakkwato akwai dutsen farar ƙasa mai ɗauke da ɓawon halittun ruwa, shaidar cewa teku ta taɓa rufe wurin kimanin shekaru miliyan 60 da suka wuce, kuma da shi ake yin siminti a can. Malamin da ke zaune a tsakiyar wannan arziki bai kamata ya dogara da hoton wani dutse na Turai da ke cikin littafi ba.

Kayan gwaji suna cikin aljihu

Uzurin da aka fi bayarwa shi ne rashin ɗakin gwaje-gwaje. To amma gwajin farko na ma'adinai bai taɓa bukatar ɗaki ba. A shekarar 1812 wani masani Bajamushe mai suna Friedrich Mohs ya jera ma'adinai goma bisa taurinsu, daga 1 zuwa 10, inda kowane na sama ke iya karce na ƙasa da shi. Kalsait, wanda shi ne jigon dutsen farar ƙasa, yana kan 3, kwaz yana kan 7, lu'ulu'u kuma yana kan 10. Farcen mutum taurinsa wajen 2.5 ne, wuƙa da gilashi kuwa wajen 5.5. Ashe ke nan da farce da wuƙa da ɓarin kwalba an riga an sami ma'auni. Farin dutsen da ya karce kwalba mai yiwuwa kwaz ne, wanda wuƙa ta karce shi cikin sauƙi kuwa sai a zargi kalsait. Don a tabbatar, sai a kankare garinsa a ɗiga masa ruwan lemon tsami: idan kalsait ne zai yi 'yar kumfa.

Gwaji na biyu shi ne zane. Launin ma'adini yana yaudara, domin kwaz kaɗai yana zuwa fari ko ruwan toka ko shunayya. Amma idan aka goga ma'adini a bayan tayil, inda ba a shafe da ƙyalli ba, launin garin da ya bari ba ya cika sauyawa. Na uku nauyi: a auna dutsen a sikeli, a tsoma shi cikin kofin awo mai ruwa a ga yawan ruwan da ya ture, sannan a raba nauyin da wannan adadi. Kwaz zai ba da wajen 2.65, ma'ana ya ninka ruwa nauyi sau biyu da rabi da ɗoriya. Sai kuma a duba yadda ma'adinin ke fashewa, da irin ƙyallinsa, da ko maganaɗisu yana jan sa.

Kama da wane ba ta wane

A yankin da ake neman zinariya, amfanin wannan darasi a bayyane yake. Akwai ma'adini mai suna fairait, haɗin ƙarfe da farar wuta, rawaya ne mai ƙyalli, kuma ya sha ruɗin masu haƙa a faɗin duniya. Gwaji uku sun isa su tona asirinsa. Wuƙa tana yankar zinariya domin taurinta bai wuce 3 ba, amma ba ta iya karce fairait mai taurin 6 zuwa 6.5. Zanen zinariya rawaya ne, na fairait baƙi mai sirkin kore. Idan aka buga guduma zinariya takan baje, fairait kuwa ya dagargaje. Bugu da ƙari zinariya ta ninka ruwa nauyi sau 19, fairait kuwa sau 5 kacal. Haka nan ɓarɓashin mika da ke ƙyalli cikin yashin rafi: a kwanon wanki yakan tashi ya bi ruwa, zinariya kuwa ta zauna a gindi. Yaron da ya san wannan zai iya hana mahaifinsa sayar da akuya don sayen abin da ba shi da daraja.

Asarar kuɗi ma mai sauƙi ce idan aka tuna abin da ya faru a maƙwabta. A shekarar 2010 ƙungiyar likitocin sa-kai ta MSF ta gano cewa yara suna mutuwa da yawa a ƙauyukan ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum na jihar Zamfara, irin su Dareta da Yargalma, daga baya kuma aka gano matsalar a Bagega. Dalili shi ne duwatsun zinariyar da ake kawowa gida ana dakawa ana niƙawa suna ƙunshe da dalma mai yawa. Ƙurar ta bazu a tsakar gida inda yara ke rarrafe suna kai hannu baki. An ƙiyasta cewa yara fiye da 400 suka rasu, dubbai kuma suka bukaci magani. A shekarar 2015 irin wannan ta sake aukuwa a ƙaramar hukumar Rafi ta jihar Neja, inda yara 28 suka mutu. Masarautar Zuru tana tsakanin waɗannan jihohi biyu, kuma duwatsun tushe da ke ƙarƙashinsu 'yan gida ɗaya ne.

Babban ma'adinin dalma shi ne galina, kuma yana daga cikin mafi sauƙin ganewa: ruwan toka ne mai ƙyallin ƙarfe, yana da laushi, zanensa ruwan toka mai duhu, yana fashewa gutsi-gutsi masu kusurwa huɗu, ga shi da nauyin da ya ninka na ruwa sau bakwai da rabi. Ba baƙo ba ne a gidajen Hausawa, domin shi ne dutsen da ake niƙawa a yi akasarin tozalin gargajiya. Hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka ta ba da rahoto a 2012 game da wani jariri a birnin Boston da aka sami dalma a jininsa, aka auna tozalin da ake sa masa, wanda aka kai daga Nijeriya, aka tarar fiye da kashi 80 cikin 100 nasa dalma ce. Ɗalibar da ta gane galina a aji za ta yi tunani kafin ta ranbaɗa wa ƙanenta tozali.

Iyakar ido da hannu

Mai adawa zai ce ɗan ƙaramin sani yana da haɗari, kada yaro ya duba dutse bai ga galina ba ya yanke hukuncin cewa babu guba. Wannan magana tana da ƙarfi. Binciken da aka yi a kan duwatsun Zamfara ya nuna cewa ruwa da iska sun riga sun rikiɗar da galina mai yawa zuwa wasu ma'adinan dalma marasa ƙyalli, waɗanda suka fi saurin narkewa a cikin ciki. Ido ba zai tabbatar da su ba, sai na'ura. Amma wannan hujja ce ta a kyautata darasin. Malamin kirki zai koyar da iyakar gwajin tare da gwajin kansa: hannu yana gano abin zargi, ɗakin bincike ne ke yanke hukunci, kuma dutsen da aka haƙo daga ramin zinariya ba a niƙa shi a gida ko da bai nuna alamar komai ba. Hukumar binciken ƙasa ta Nijeriya, wadda asalinta ya faro tun 1919, tana da ɗakunan bincike a Kaduna, sashen ilmin ƙasa na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya shi ma yana wannan aiki.

Wani zai kawo batun tsaro, kuma da gaskiyarsa, domin masarautar Zuru ta sha fama da 'yan bindiga, babu shugaban makarantar da zai tura yara daji neman duwatsu. Sai dai darasin bai bukaci haka ba. Dutsen niƙa na tsakar gida, da tsakuwar da ake zuba wa gini, da marmarar da ake haƙowa a rijiya, da yumɓun masu ginin tukwane, da kanwar da ke kasuwa, duk abin nazari ne, kuma duk suna cikin gari.

Saboda haka ya dace kowace sakandare ta tanadi akwatin duwatsu. Kowane dutse a ba shi lamba, a rubuta a littafi inda aka samo shi da ranar da aka samo shi, da sakamakon gwajinsa, da sunansa da Hausa da C'lela ko Kambarci idan yana da shi, domin maƙera da magina na gargajiya sun san tama da yumɓu tun kafin zuwan boko. Galina a ajiye shi cikin rufaffiyar kwalba, kada a lasa kowane dutse, a kuma wanke hannu bayan darasi. Makarantar Dirin Daji tana iya aika giranit da shist zuwa wata a Birnin Kebbi, ita kuma ta aiko mata da dutsen yashi, ta haka kowa ya cika rukunai ukunsa da kuɗin mota kawai. Jami'o'in da ke jihar, ciki har da Jami'ar Aikin Gona ta Tarayya da ke Zuru, ya kamata su ɗauki nauyin horar da malamai da tantance abin da ya shige musu duhu.

Masu iya magana sun ce gani ya kori ji. Yawancin waɗannan ɗalibai za su rayu ne a kan wannan ƙasa, su noma ta, su haƙa rijiya a cikinta, wasunsu ma su shiga ramin zinariya. Haƙƙinsu ne a kan makaranta ta sanar da su abin da ke ƙarƙashin ƙafarsu, kuma malami zai iya fara sauke wannan nauyi da wuƙa da ɓarin kwalba da guntun tayil.