Rumbu Ba Ƙofa

Jama'a, ku kasa kunne. Akwai wani sakaci da manyan kamfanoni ke yi, amma talaka ke biyan kuɗinsa.

Kowane shafin intanet yana zaune ne cikin wata babbar kwamfuta da ake kira saba, mai ɗakunan ajiya kamar rumbuna. In ɗaki ba shi da shafin gaba, kuma ma'aikaci bai kashe jerin kaya ba, sai saba ta zayyana wa kowane baƙo sunayen duk abin da ke ciki, ƙarƙashin kalmomin "Index of". Ba a fasa kwado, ba a haura katanga. Latsawa kawai za a yi a kwashe. Har Google kan tattara irin waɗannan jeri, ɓarawo ya nemo su yana kwance a ɗakinsa.

Ga misali. Cikin watan Oktoba 2017 wani masani ɗan Ostareliya, Troy Hunt, ya bayyana cewa an bar wani kundi a buɗe a sabar wani kamfanin dillancin gidaje na Afirka ta Kudu. A ciki akwai lambobin shaida na mutum wajen miliyan 60, rayayyu da matattu, da sunayensu, da adireshinsu, har da kiyasin abin da suke samu. Ba wanda ya nemi izininsu. Ga shi kuwa mutum na iya sake kwadon shagonsa, amma lambar shaidarsa tana nan tare da shi har kabari.

To, in gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. Yau ɗan kasuwa ba ya buɗe asusu ko ya sayi layin waya sai ya miƙa lambar NIN ko BVN. Ina ake ajiye su? Wa ke gadinsu? Da irin waɗannan bayanai ne ɗan damfara ke buga maka waya, ya kira sunanka daidai, ka ɗauka daga banki yake.

Nijeriya ta kafa dokar kare bayanan jama'a a 2023, da hukumar da za ta tsare ta. Muna kira ga hukumar nan ta riƙa bincika sabobin kamfanoni da na ma'aikatun Gwamnati kansu, ta ci tarar mai sakaci komai girmansa, ta kuma faɗa wa jama'a sunansa. Gyaran bai fi layi ɗaya a tsarin saba ba, saboda haka babu uzuri.

Ku kuma 'yan'uwa, kada ku faɗa wa kowa lambar sirrinku ta waya, ko da ya san sunan kakanku. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.