Kafin a Ɗauko Wuƙa

Dawanau gari ne a ƙasar Dawakin Tofa, a kan hanyar Kano zuwa Katsina. An san shi da babbar kasuwar hatsi. Gonakin wannan ƙasa a manne suke da juna, babu dajin kiwo. Saboda haka da shuka ta tsiro, sai a ɗaure awaki da tumaki a turke, a riƙa yanko musu ciyawa har a yi girbi. Yara ke yin yawancin wannan aiki. Sau da yawa ma a cikinsu akwai 'yar akuyar da kaka ta ba jikanta, ya raɗa mata suna, tana binsa duk inda ya nufa.

Akuya kuwa ba ta san zama wuri ɗaya ba. Takan yi ta kewaya turke, ko ta haura danga, har igiya ta shaƙe ta, a tarad da ita kwance ba ta numfashi. Nan da nan sai ka ji ana cewa, "A kawo wuƙa, kada ta yi mushe!" Manya suna da hujja, gama asarar akuya ba ƙaramin abu ba ne. Amma igiya ya kamata wuƙar ta fara yanka. Dabbar da numfashinta ya tsaya yanzun nan, mai yiwuwa zuciyarta na bugawa. Sai dai ƙwaƙwalwa ba ta jimre rashin iska fiye da 'yan mintoci, kuma kafin a kirawo maigida daga gona lokaci ya wuce. Don haka ya kyautu kowane yaro mai kiwo ya san abin yi.

In an yanke igiya, a kwantar da akuyar a kan gefenta na dama, a miƙar da wuyanta. A jawo harshenta, a share dusa ko ciyawar da ke bakin. Sa'an nan a sa hannu a bayan gwiwar ƙafarta ta gaba ta hagu, nan ake jin zuciya. In tana bugawa, a rufe bakin, a shimfiɗa ƙyalle mai tsabta a hanci, a busa har a ga haƙarƙari ya taso, kamar sau 10 a minti. In ba a ji ta ba, a danna ƙirjin da sauri sau 30, a busa sau 2, a yi ta maimaitawa.

Akwai masu ɗura mata ruwa wai don ta farfaɗo. Wannan kuskure ne babba, huhu ruwan zai tafi. Kare kuwa, kada yaro ya kuskura ya kai baki ko hannu ga bakinsa, domin cutar haukan kare a cikin yawu take.

Ba kowace akuya ke tashi ba, kuma babban da ke wurin shi zai duba ya ce a yanka ko a dakata. Wadda ta farfaɗo, a kai ta inuwa, kada a ba ta kome sai ta miƙe da kanta, a aika wa malamin dabbobi.