Darajar mai adana: darasi daga rayuwar Angela Milner

A al'adar mutane, yabo na wanda ya tono ne. Wanda ya karɓi abin da aka tono, ya share shi, ya ba shi lamba, ya tsare shi shekara da shekaru, ba kasafai ake tuna sunansa ba. A ganina wannan rabon yabo bai yi adalci ba, kuma rayuwar Angela Milner, masaniyar ƙasusuwan halittun dauri 'yar Ingila, ta isa hujja.

An haife ta a 1947, ta yi karatu a Jami'ar Newcastle, ta kama aiki a gidan adana tarihin halittu na Landan a 1976. Can ta zauna har ta yi ritaya a 2009, ta rasu a 2021.

A 1983 wani mai gyaran famfo, William Walker, ya tsinci wata ƙatuwar akaifa mai tsawon kusan santimita 30 a ramin yumɓu a yankin Surrey. Da labari ya isa gidan adanar, aka je aka kwaso sauran ƙasusuwan cikin dunƙulen duwatsu. Sai da aka yi shekaru ana sassaƙe dutsen a hankali kafin ƙashi ya fito fili. A 1986 Milner da abokin aikinta Alan Charig suka raɗa wa dabbar suna Baryonyx walkeri, don girmama mai tsintuwar, cikakken bayaninta kuwa bai fito ba sai 1997. A wajen cikinta sun ga ɓawon kifi, shaidar cewa wannan dainoso mai dogon baki irin na kada kamun kifi yake yi. Tsintuwa ta yini guda ce, fahimtarta ta ci shekara 14. Mai haƙuri, in ji Bahaushe, shi kan dafa dutse har ya sha romonsa.

Wani zai ce ai ba don mai tsintuwa ba, da mai adana bai sami abin adanawa ba. Gaskiya ne. Amma ƙashin da ba a rubuta inda aka same shi ba, ba a san durowar da yake ciki ba, da shi da tsakuwar hanya duk ɗaya ne a wurin ilimi. An taɓa neman ƙasusuwan wani ƙaramin dainoso da aka tono a Wales aka rasa a ma'ajiyar gidan. Milner ce ta gano su cakuɗe da ƙasusuwan kadoji, domin ta san ma'ajiyar ciki da bai. Da aka bayyana dabbar a 2021, sai aka kira ta Pendraig milnerae, da sunanta.

Wannan magana ta shafe mu kai tsaye. A Gadufawa, cikin hamadar Tenere ta Nijar, aka tono wani ɗan'uwan Baryonyx, wanda Paul Sereno da abokan aikinsa suka bayyana a 1998 da sunan Suchomimus tenerensis. Kamannin dabbobin biyu sun yi kusa ƙwarai, kuma bayanin da Milner da Charig suka yi ya zama ma'aunin kwatanta su. Daga wannan yanki ne kuma aka samo Ouranosaurus da ƙaton kadan nan Sarcosuchus. Ke nan ƙasar da 'yan'uwanmu ke zaune a kanta tana cikin wurare mafiya arzikin irin waɗannan ƙasusuwa a Afirka.

Muna yawan kukan cewa baƙi na kwashe kayan tarihinmu, kuma kukan yana da tushe. To amma in an dawo da su, wa zai karɓa? Gini da akwatin gilashi ba sa adana komai sai da mutumin da ya koyi aikin, ake biyansa, ake kuma ganin girmansa. Gidan tarihi na Bubu Hama da ke Yamai da takwarorinsa a ƙasashen da muke zaune suna buƙatar irin waɗannan mutane. Saboda haka idan ɗa ko 'ya a cikin zangonmu ya ce ilimin duwatsu ko aikin gidan tarihi yake so, kada iyaye su karya masa gwiwa da cewa ba sana'a ba ce. A taimaka masa ya yi karatun, a kuma ba shi lokacin da aikin ke bukata.